Gullvi Mai Jiran Tayi na Uku

Duk wanda ya taɓa zama ya kalli finafinan Sweden na shekaru hamsin da suka wuce ya san hannun daman Gullvi Stenhag, ko da bai san sunanta ba. Shi ne hannun nan da ke shigowa ta gefen hoto riƙe da buta, ya tsiyaya gahawa a kofin jarumi, ya fice. Wani lokaci akan ga kafaɗarta. In darakta mai kirki ne akan ga fuskarta ma, faffaɗa, mai fara'a, irin fuskar da in ka gani a tashar jirgi za ka ba ta ajiyar jakarka ba tare da ka tambayi sunanta ba. Ta fito a 'yar aiki, ta fito a ma'aikaciyar jinya, ta fito a maƙwabciya mai leƙen taga. Sau ɗaya ta fito a gawa, shi ma sai da aka ajiye buta kusa da gadon, wai don masu kallo su gane ko wace ce ta rasu.

Maganarta a yawancin finafinan ba ta wuce kalma biyu ba: "Ƙarin gahawa?" Sai dai ta iya faɗinta ka ji kamar ta'aziyya ce, ta iya faɗinta miji mai laifi ya ji gumi ya karyo masa. Masu aikin fim sun san da haka, shi ya sa ba ta taɓa rasa aiki ba. Abin da ba ta taɓa samu ba shi ne kujera. Kullum tsaye take, wasu na zaune. A ranta kuwa, can ƙasa inda ba ta barin kowa ya leƙa, babu abin da take so irin ranar da za a ce labarin nata ne, ita ce zaune a tsakiyar hoto, wani yana tsaye a kanta da buta.

Mai son sanin abin da ya hana sai ya koma wurin mahaifiyarta.

An haifi Gullvi a wani ƙauye na yankin Dalarna, inda hanya ke ƙarewa daji ya ɗora. Mahaifiyarta Hulda ba ta bar mata gona ko zobe ba, doka guda ta bar mata: mutumin kirki ba ya karɓar abu a tayin farko. In aka miƙo maka faranti, ka ce ka gode, ba ka daɗe da ci ba, ko da kuwa hanjinka na kiran sunanka. In aka sake miƙowa, ka ce kada a wahalar da kai saboda kai. Sai a na uku ne za ka miƙa hannu, kana kawar da kai, ka ce to, ɗan kaɗan, don kada mai gida ya ji haushi. Shi ma mai gida da nasa nauyin: wanda ya yi tayi sau ɗaya ya janye faranti, marowaci ne, kuma kafin Lahadi duk ƙauye ya ji.

Har yau ana ba da labarin kawunta Edvin, wanda ƙanƙarar tafki ta rufta da shi yana kamun kifi. Maƙwabcinsa ya rugo ya miƙa masa sanda. Edvin, ruwa iya wuya, haƙora na kaɗawa, ya ce kada ya damu, yanzu zai fito. Aka sake miƙawa, ya ce ai ruwan bai kai sanyin da ake zato ba. Sai a na uku ya kama, yana cewa to, tunda an riga an ɗauko ta. A ƙauyen ba don dariya ake ba da labarin nan ba, don yara su koyi tarbiyya ne.

Da wannan guzurin Gullvi ta hau jirgin ƙasa zuwa Stockholm tana 'yar shekara goma sha tara. Watanta na farko ta rame, don mutanen birni sau ɗaya suke tayi, in ka ce a'a su ce to, su cinye abinsu a gabanka. Ta samu aiki a ɗakin cin abinci na wani kamfanin fim, inda a kan gahawa dai ta fi kowa iko: ba a taɓa samun wanda ya ce mata a'a ya tashi da kofi busasshe ba. Wata rana yarinyar da za ta fito a 'yar aiki ta kwanta mura, aka janyo Gullvi da butarta aka tsayar gaban kyamara. Ba ta tsorata ba, ba ta zubar ko ɗigo ba. Tun daga ranar ba a mayar da ita kicin ba.

Bayan 'yan shekaru sai babbar rana ta zo. Darakta Rosenlund, mutumin da in ya yi tari ma'aikata ke miƙewa tsaye, ya same ta a ɗakin cin abinci ya ce yana son ta fito a jarumar sabon fim ɗinsa. Gullvi ta ji kamar an kunna mata fitila a ƙirji. Ta sunkuyar da kai ta ce Darakta ya yi haƙuri, ai akwai waɗanda suka fi ta. Ta gyara tsayuwa tana jiran na biyu.

Rosenlund ya ce, "To." Ya juya teburin da ke bayansa, inda wata yarinya mai wuya kamar na zalɓe take zaune, sunanta Viveka Almfelt. Kafin ya ƙarasa tambaya ta ce ta amince. Fim ɗin ya zagaya duniya, Viveka ta zagaya tare da shi. Gullvi ma tana ciki: ita ce ke zuba wa Viveka gahawa. Ba ta taɓa ganin laifin kanta ba. Abin da ta riƙa faɗa shi ne, mutum mai suna kamar Rosenlund, ashe ba a koya masa komai a gida ba.

A shekarun nan ne ta san Sixten, dogon nan mai riƙe sandar da ake maƙala makirufo a saman kan 'yan wasa. Haifaffen birni ne, mai gaskiya kamar itace. Aikinsa sauraro, ko allura ta faɗi sai ya ji, amma magana takan shiga kunnensa nan take ta yi kwanaki kafin ta isa kansa. Wata bazara suna ɗaukar fim a tsibirai, suna dawowa a jirgin ruwa, ya cire hularsa ya tambaye ta ko za ta aure shi. Ta kalli ruwa ta ce, ita kuwa? Ai akwai waɗanda suka fi ta. Sixten ya mayar da hularsa, ya ba ta haƙuri, bai ƙara tayar da zancen ba. Daga baya ya auri wata mai aikin gidan waya, suka zauna lafiya har ta rasu. Da tsufa ya kama su, sai ga shi ya dawo bene ɗaya da Gullvi, yana ƙasa tana sama, kuma duk Alhamis yakan hau ya sha faten wake da fanke a wurinta. Tun kafin ta ƙarasa tayin farko ya miƙo kwano. Takan ce da shi ko doki ya fi shi kunya.

Tana da shekara saba'in da tara, aiki ya ja baya sai jefi-jefi, aka kira ta a waya. Wata darakta ce mai suna Tuva Ringborg, tana son zuwa su yi magana. Gullvi ta wuni a gaban murhu ta yi toye-toye kala bakwai, kamar yadda ya dace, don ƙasa da haka rowa ce, sama da haka fariya.

Yarinyar da ta shigo ba ta kai butar Gullvi shekaru ba. Ta cire takalmi a bakin ƙofa, ta zauna, aka yi mata tayin gahawa ta ce a'a, ta gode. Gullvi ta ji daɗi har cikin ranta, ashe har yanzu ana haihuwar yara masu tarbiyya. Ta sake tayi, Tuva ta ce ba ta shan gahawa, ta ɗaga wata gorar ruwa da ta zo da ita. Ta yi na uku tana miƙo farantin burodin kirfa, Tuva ta ce ba ta cin abin da aka yi da garin alkama, yana ɓata mata ciki. Nan Gullvi ta ɗan rikice. Ta yanke a ranta cewa yarinyar daga can arewa take, inda wataƙila sai an yi huɗu. Ta cika mata kofi, ta tura farantin gabanta.

Tuva ta matsar da kofin gefe a hankali ta faɗi abin da ya kawo ta. Fim ne a kan wata tsohuwa da 'ya'yanta ke son ɗauke ta daga gidanta na daji su kai ta gidan tsofaffi, ita kuwa ta kafe. Da ita ake buɗe fim, da ita ake rufewa, kuma rabinsa a zaune take a kujerarta, mutane na zuwa lallashi ɗaya bayan ɗaya. Ta ce tun tana ƙarama take kallon Gullvi a gefen hoto, tana tambayar kanta ko me matar nan mai buta take tunani. Ta ce ba ta da kowa a rai sai ita.

Gullvi ta dafa tebur. Shekara hamsin ke nan tana jiran kujerar nan. Zuciyarta ta ce e tun kafin yarinyar ta rufe baki, amma bakin nata na Hulda ne.

"Ni kuwa? Ai na tsufa, 'yar nan. Akwai waɗanda suka fi ni."

Su Tuva kuwa tarbiyyarsu daban ce. Tun suna makarantar yara ake koya musu cewa in mutum ya ce a'a, ka girmama shi ka ƙyale shi. Idon Tuva ya ɗan kawo ruwa, sannan ta ce ta gode da aka faɗa mata gaskiya, ba za ta matsa ba. Ta ce ke nan sai ta koma ga wadda kamfani ke so tun farko, sun riga sun sa ranar Litinin za ta zo ofis. Tana ɗaura igiyar takalmi ta ambaci sunan: Viveka Almfelt.

Ƙofa ta rufe. Gullvi ta tsinci kanta tsaye a tsakiyar ɗaki da buta a hannu, ga toye-toye kala bakwai suna kallonta.

Kira dai ba za ta kira ba, wannan ba ya cikin lissafi. Amma ba wanda ya hana mutum ya bi ta inda za a gan shi. Washegari ta sa kwat ɗinta mai kyau, ta zuba burodin kirfa a kwando, ta tafi titin da ofishin su Tuva yake. A gaban ofishin shago guda ne, na masu gyaran keke. Ta tsaya tana kallon tayoyi ta gilashi kamar mai shirin shiga tsere. Ta daɗe har mai shagon ya fito ya yi mata tayin kujera. Ta ce ta gode, ba ta gaji ba. Ya koma ciki da kujerarsa.

Ƙafafunta sun soma tsami sai ga Tuva ta fito tana jan keke. Suka gaisa, Gullvi ta nuna mamakin haɗuwar yadda ya kamata, don ba a banza ta yi shekara hamsin tana wasa ba. Tuva ta ce har yanzu abin na ci mata rai, da dai za a sake tunani.

Na biyu ke nan. Gullvi ta ji sanyin daɗi ya ratsa ta, ta kawar da kai ta ce kada ta wahalar da kanta saboda ita. Ta ɗan gyara riƙon kwando, ta shirya amsar ƙarshe a kan harshenta.

Fuskar Tuva ta yi ja. Ta ce ta yi kuskure, bai kamata ta sake tayar da maganar ba bayan an ba ta amsa. "Na yi miki alkawari, Gullvi, ba za ki ƙara jin zancen nan a bakina ba." Ta haye keke ta tafi, tana jin kunyar kanta.

Ranar Alhamis faten wake ya yi gishiri. Sixten ya sha kwano guda, ya sha na biyu, sannan ya tambaya ko wa ya mutu. Ta ba shi labari tun daga gorar ruwa har shagon keke. Ya yi dariya har sai da ya cire tabarau ya goge ido.

"Ke dai 'yar daji, ga waya can. Kira ta ki ce kina so."

"In ce ina so? Da bakina? Ka taɓa ganin baƙo ya shiga gidan mutane ya buɗe tukunya?"

"Ni kullum haka nake yi a gidanki."

"Shi ya sa ban taɓa kiranka baƙo ba. Jarrabawa ce kai."

Ya ce to shi zai kira yarinyar ya yi mata bayani, tambaya guda ce ta rage, ba ta fi numfashi ɗaya ba. Gullvi ta ajiye ludayi ta ce in ya kuskura, ya nemi wani gidan shan fate. Tayin da aka roƙo ba tayi ba ne, sadaka ce. Ya ce ke nan ta yarda Viveka ta sake zama a kujerarta, ita kuma a sake ba ta buta? Ta ce ba ta ce ta yarda ba. Ya ce ba ta kuma ce ta ƙi ba, shi a iya saurarensa bai taɓa jin mutum mai wuyar ɗauka a makirufo irinta ba. Suka ja zancen har fanke ya huce. A ƙarshe ta ce ranar Litinin za ta je ofishin, amma ba don komai ba, don burodin nan ne kada ya bushe a banza, ma'aikata sa ci. Sixten ya ce zai raka ta ya riƙe kwando.

Ofishin duk gilashi ne, matasa na zirga-zirga cikin safa. A ɗakin taro akwai dogon tebur, a tsakiyarsa faranti da guntun kek na ƙarshe. Da yake ba mai son a ce shi ne ya ɗauki na ƙarshe, kowa ya zo sai ya yanki rabi ya bar rabi, har abin ya koma siriri, ana iya karanta jarida ta cikinsa. A kan kujerar da ke kan teburin Viveka Almfelt ce zaune, gashi fari fat, sandar dogarawa a gefe, wuyan nan dai yana nan bai rage ko taƙi ba. Tuva na gefenta tana sauraron sharuɗɗa: ba za ta tsaya cikin dusar ƙanƙara ta gaske ba, ba za ta fito kafin hantsi ba, kuma a ɗauke ta ta gefen hagu.

Viveka ta ga mai shigowa, ta yi murmushin nan da aka sani a faɗin ƙasa. Ta ce Gullvi, ashe tana nan da rai, madalla. Ta miƙo kofi gefe ba tare da ta duba ba, kamar yadda ta saba.

Hannun Gullvi bai nemi izininta ba. Ya tafi da kansa ya ɗauko butar da ke kan teburin, ya tsiyaya, bai zubar ko ɗigo ba. Viveka ta kurɓa, ta juya ta ce wa Tuva ai ga shawara: a rubuta wata maƙwabciya mai kawo gahawa, a bai wa Gullvi, masu kallo za su ji daɗin ganinsu tare kamar da.

Tuva ta kalli Gullvi. Bakinta ya buɗe, ta tuna alkawarinta, ta rufe. Gullvi ta kalli Tuva. Ta nemi kalmar nan a bakinta, gajeriya ce, yara ma na faɗinta kafin su iya tafiya, amma ta ƙi fitowa. Ta ji kamar Hulda na tsaye a bayanta da hannu a ƙugu. Ɗakin ya yi tsit, ba ka jin komai sai cokalin Viveka a cikin kofi.

Sixten na bakin ƙofa da kwando. Shekara arba'in ya yi yana tsayawa a irin wannan shirun na kafin a fara ɗaukar fim, kuma abu guda ya san ana faɗa a cikinsa. Ya ɗaga hannu sama kamar mai riƙe sanda, ya ce da muryar aiki, a hankali, "Sauti ya shirya."

Gullvi ta ajiye buta. Gullvi Stenhag 'yar Hulda ba za ta iya neman abu da bakinta ba, wannan zanen dutse ne. Amma 'yar wasa ce, kuma akwai wata mace da Gullvi ta yi shekara hamsin tana nazarinta daga tazarar hannun buta. Ta miƙe bayanta, ta ɗaga haɓa, ta ja wuyanta har ya yi tsawon da ba wanda ya san tana da shi. Ta juya wa Tuva gefen hagu na fuskarta, ta lumshe ido rabi, ta yi magana ta hanci, muryar Viveka sak:

"Yarinya, kujerar nan tawa ce. Ni aka fara yi wa tayi. Ina so, kuma zan tsaya cikin dusar ƙanƙara ta gaske."

Da yake ba a ce a dakata ba, sai ta ci gaba da wasan. Ta ja kujera ta zauna, ta miƙa hannu ta ɗauki guntun kek na ƙarshe, duka, ta sa a baki. Wani saurayi da ke leƙe ta gilashi ya dafe ƙirji. Daga baya ma'aikatan sun fi tattauna zancen kek ɗin a kan maganar.

Viveka ta daɗe tana kallonta. Sannan kafaɗunta suka soma rawa, ta yi dariya irin wadda ba a taɓa ɗauka a fim ba, mai tari a ciki. Ta ce haɓar ba ta kai ba, a ƙara ɗagawa. Ta jawo sandarta ta ce dama ita gwiwoyinta ba sa son daji, kuma ba ta taɓa sha'awar fitowa a tsohuwa ba. Ta fita tana riƙe da mutuncinta da burodin kirfa biyu daga kwandon Sixten, waɗanda ba wanda ya yi mata tayinsu.

Tuva ta rasa ko dariya za ta yi ko kuka. Ta ce tana murna, murnar da ba ta san yadda za ta faɗa ba, amma ta kasa ganewa, ai an ce mata a'a har sau biyu.

Gullvi ta sauke wuyanta, ta dawo da muryarta. "Sau biyu kacal, 'yar nan," in ji ta, tana kakkaɓe ɓurɓushin kek daga cinyarta.

Fim ɗin dai an yi shi. Ranar farko sai da aka maimaita fitowa guda har rana ta karkata, don duk sanda mai wasan ɗanta ya zo zuba mata gahawa sai ta rufe kofi da tafin hannu ta ce kada ya wahalar da kansa. A ƙarshe Tuva ta haƙura ta bar shi a haka, kuma nan ne wurin da masu kallo suka fi so. Fim ɗin bai zagaya duniya ba, amma ya zagaya Dalarna, inda aka ce an daɗe ba a ga mace mai tarbiyya a majigi ba. Sai dai wannan duk daga baya ne.

A ranar Litinin ɗin, suna jirgin ƙarƙashin ƙasa za su gida, Sixten na zaune da kwando a cinya. Suka wuce tasha guda, suka wuce ta biyu. Gullvi ta lura leɓɓansa na motsi kamar mai ƙidaya. Maganar da ta shiga kunnensa tun ranar Alhamis ce ta iso inda za ta.

"Gullvi, ran nan a jirgin ruwa. Sau nawa na tambaye ki?"

Ta kalli taga, inda babu abin kallo sai baƙin bango. Ta ce shi da ke da kunne, shi zai fi ta sani.

Ya riƙa juya amsar a ransa har suka fito, suka hau matakala zuwa titi. A bakin ƙofar benensu ya ajiye kwando a ƙasa, ya cire hularsa, iska na kaɗa 'yan gashin da suka rage. Ya tambaye ta ko za ta aure shi.

Gullvi ta ce haba Sixten, da tsufansu, kada ya wahalar da kansa.

Ya gyaɗa kai a hankali, ya mayar da hula. "Biyu ke nan," in ji shi. Ya ɗauki kwando ya buɗe mata ƙofa, ya ce sai Alhamis.

Tsakanin Litinin da Alhamis ba nisa, amma Gullvi ta san mutumin da take hulɗa da shi, tsakanin na farko da na biyu ya ɗauki shekara hamsin. Duk sanda ta ji ya yi tari ta ƙasan bene sai ta tsaya ta saurara. Ta sauka sau biyu ta kai masa maganin mura da bai nema ba, ta kuma gargaɗe shi ya riƙa kama ƙarfen matakala.

Ranar Alhamis ya hau da rigar zuwa coci, ya taje gashi. Ta kawo tukunyar fate ta yi masa tayi. Sixten, wanda bai taɓa barin tayi ya kai ƙasa ba, ya naɗe hannu ya ce ya gode, bai daɗe da ci ba. Ta tsaya da ludayi a sama tana kallonsa. Ta sake tayi, ya ce kada ta wahalar da kanta, cikinsa kuwa na ƙugi har tana ji. A na uku ya miƙo kwano yana kawar da kai, ya ce ɗan kaɗan. Ta cika masa har baki.

Ya sha a nitse, ya ci fanke, ya yaba gishiri, ya yi zancen farashin dankali, ya ɗauko labarin wani darakta da ya rasu tun tuni. Gullvi ta gane da gangan yake yi, ta ce masa in bai da abin faɗa gahawa na hucewa. Sai ya goge baki, ya ɗauki buta da kansa, ya miƙe tsaye a kanta ya zuba mata, rabi a kofi rabi a faranti. Yana tsaye a nan, da butar a hannu, ya yi tambayar.

Gullvi tana zaune. Ta kalli gahawar da ta malale, ta kawar da kai gefen taga.

"To," in ji ta. "Don dai kada ka ji haushi."